Sakatare Mai Makulli Ɗaya

Sakatare taubashina ne, ɗan Gwaggo ƙanwar babanmu, don haka duk abin da na faɗa a kansa babu inda zai kai ni ƙara. Tun yana yaro hannunsa ba ya zama wuri ɗaya. Rediyon Gwaggo ya kwance shi, agogon bango ya kwance shi, da an bar shi da ita kanta Gwaggon sai ya nemi inda aka ɗaure ta da noti ya kwance. Abin da bai taɓa yi ba shi ne mayar da abu yadda ya same shi. A haka dangi suka yanke hukuncin cewa yaron nan yana da ƙwaƙwalwa, aka tura shi koyon kwamfuta.

Shagonsa ɗan tsukuku ne, tsakanin mai gyaran takalmi da mai sayar da magani. In ka buɗe hannuwanka za ka taɓa bangon nan da wancan, in ka yi atishawa takardun mutane su tashi sama. Kwamfuta biyu ce a ciki, ɗaya tana aiki, ɗaya ta yi ritaya amma ba a sallame ta ba. Akwai firinta mai yin tari kafin ta tofo takarda, da benci, da fanka. Saboda fankar nan nake riƙe zumunci. Kullum sai na zo na sa wayata a caji, na zauna a ƙarƙashinta ina taya shi aiki da baki.

A nan ya samu sunan Sakatare, domin babu takardar da ke fita daga unguwarmu ba ta bi ta yatsunsa ba. Da zamani ya juya aka ce komai sai da imel, shi ya buɗe wa kowa. Matsalar ita ce mutanenmu da kalmar sirri ba sa jituwa. Mutum zai zaɓa da bakinsa, ya rantse ko a mafarki ba zai manta ba, bayan sati ya dawo yana tada jijiyar wuya wai Sakatare ya kulle masa kaya. Wani dattijo da muke kira Baba Mai Katako ya taɓa wuni a bencin nan yana cewa a fito masa da imel ɗinsa, alhali bai san ma abin da ke ciki ba.

A ranar Sakatare ya ƙirƙiro dabarar da yake ganin duniya ba ta taɓa yin irinta ba. Yana da wata kyanwa a shagon mai suna Manaja, saboda ba ta aikin komai sai kwanciya a kan takardu. Ya ɗauki sunanta ya liƙa masa shekarar da ya gama makaranta, ya mayar da shi kalmar sirrin duk wanda ya shigo. Nasa imel ɗin ita ce, na Gwaggo ita ce, na Baba Mai Katako ita ce. Inda kuma ake neman lambar wayar da za a tuntuɓa idan an manta, sai ya sa tasa, tunda rabin mutanen ba su da waya a lokacin, sauran kuma suna canza layi kamar riga.

Sai ka ji mutum ya leƙo daga titi yana ihu, "Sakatare, mece ce kalmar sirrin tawa?"

"Ta kowa."

"Af, Manaja?"

"Yi a hankali mana, sirri ne."

Kyanwar ta daɗe da mutuwa, amma ta ci gaba da gadin ƙofofin unguwa guda. Shi kuwa layin wayar, sabis ɗinsa ba ya shiga shagon sai ka hau benci ka ɗaga hannu, don haka Sakatare ya sayi sabo, ya jefa tsohon a durowa cikin ƙusoshi da matattun batura, ya manta da shi.

Akwai kuma abin da ya manta da gangan. Zamanin yana tuzuru ya yi rajista a wani shafin neman matar aure a intanet. Ya jingina da motar mai magani aka ɗauke shi hoto, hannu ɗaya a kan gilashi kamar shi ya haife ta, ya rubuta cewa shi darakta ne. Babu wadda ta kula shi. Daga baya Allah ya haɗa shi da matarmu, mace mai kirki da ido kamar fitilar mota, shafin kuma ya tsufa ya zama kango. Amma imel ɗinsa da Manaja suna nan kwance a ciki.

Wata rana ina shagon saƙo ya shigo masa daga masu shafin, wai ɓarayi sun kwashe bayanan mutane, duk wanda ya yi amfani da kalmar sirrinsa a wani wuri ya canza ta maza. Yana cikin karantawa matarmu ta shigo da kular abinci ta tsaya a bayansa. Ban taɓa ganin yatsa ya yi gudu irin na ranar ba. Kafin ta ajiye kula saƙon ya bar duniya, ya bi shi har kwandon shara ya sake kashe shi.

"Me kake gogewa haka da sauri, Maigida?"

"Talla ce," in ji shi, yana gumi a ƙarƙashin fanka.

Da ta tafi na ce, "Darakta, ba za ka canza ba?"

"In canza wa mutum nawa? Ka san hayaniyar da za a yi a nan? Wa ma zai damu da kangon shafi?"

Yanzu bari in kawo Auta, ƙanwarsa ta ƙarshe, domin ita abin ya fi shafa. Tun tana ƙarama take son aikin jinya. Babu filon gidan Gwaggo da bai sha allura ba, ni kaina ta sha taɓa goshina ta ce ciwona lalaci ne. Bara ta nemi makarantar koyon jinya ba ta samu ba, ta shekara a ɗaki tana karatu har Gwaggo ta fara tsoron kada littafi ya cinye ta. A bana ta ci jarrabawar, saura intabiyu, kuma makarantar ta ce za ta aiko wa kowa ranarsa da ɗakinsa ta imel. Wanda bai zo ranarsa ba sai baɗi. Imel ɗin Auta kuwa yayanta ya buɗe mata tun tana sakandare, da Manaja da tsohon layi.

Wata Litinin da safe Baba Mai Katako ya shigo ko sallama babu.

"Sakatare, yaushe aka kwantar da ni a asibiti ban sani ba?"

"Wane asibiti, Baba?"

"Surukina ya kira ni yana salati, wai na aika masa saƙo ƙafata ta karye a taimaka. Ga ƙafar!" Ya ɗaga ta ya dire a kan benci.

Kafin ya sauke ta mai magani ya shigo, shi kuma wai ya maƙale a wata ƙasa an sace masa jaka. Zuwa azahar rabin unguwarmu suna asibiti, sauran rabin suna ƙasashen waje, kuma dukkansu suna tsaye a ƙofar shagon Sakatare. Ɓarawon ya ɗauki Manaja daga kangon shafin nan ya gwada a imel ɗin Sakatare, ƙofa ta buɗe. A ciki ya ga adireshin duk wanda aka taɓa buɗe wa imel a shagon, ya bi su ɗaya bayan ɗaya da makulli guda, yana shiga yana canza kwaɗo.

Sakatare ya buga Manaja, kwamfuta ta ce ba ta san ta ba. Ya buga da manyan baƙaƙe, ya buga da ƙanana, ya buga a hankali kamar mai lallashi. Daga ƙarshe ta ce ya cika gwaji, ya je ya huta. A daidai nan Auta ta ratso mutane ta shigo, fuskarta a sake.

"Yaya, ƙawata ta ga nata saƙon. A satin nan ake yi, kowa da ranarsa. Duba min nawa."

Sakatare ya kalle ta, ya kalli kwamfuta, ya kalle ni. Ni kuwa na kalli fanka.

Washegari Sakatare da Auta suka je makarantar. Mutumin da ke bayan taga ya ce komai yana imel, shi ba a ba shi komai a hannu ba, ya ja labule. Suka dawo shago. Hanya ɗaya ta rage, wato a ce an manta kalmar sirri, a turo kod, lambobin buɗewa, ta waya. Allah ya taimaka ɓarawon bai taɓa lambar wayar da ke kan imel ɗin Auta ba. Sakatare ya kalli wutsiyar lambar a fuskar kwamfuta, ya dafe kai, ya zazzage durowa a ƙasa. Muka tsinci tsohon layin manne da wani cingam mai shekarun aure. Ya goge shi da riga ya sa a waya. Layin ko numfashi bai yi ba. Sai ya kira lambar da sabon layinsa, ga mamakinmu ta shiga, wata mata ta ɗauka, ana jin hayaniyar mata a bayanta. Kamfani ya daɗe da sayar mata da layin.

"Salamu alaikum, Hajiya. Don Allah wani kod ne zai shigo wayarki yanzu, in kin karanta min..."

"Kod? Sannu ɗan damfara. Yau har da sallama aka zo?"

"Wallahi tsohon layina ne..."

"Layinka? Da ƙafata na je ofishin kamfani na saya. 'Yan mata, ku zo ku ji, ga wani ya fito aiki!"

Muka ji shewa kamar an ci ƙwallo, ta kashe. A saman kan Sakatare kuwa akwai takardar da shi da kansa ya buga da manyan baƙaƙe ya liƙa a bango: KADA KA BA KOWA KOD, KO DA YA CE SHI ƊAN UWANKA NE. Na karanta masa ita da ƙarfi, don kada ya manta.

"Ɗan Kawu," in ji shi, "in ba za ka taimaka ba, cire wayarka ka fita."

Ya sake kira, ta toshe shi. Ya kira da tawa, ta toshe ni. Ya kira da ta mai magani, da ta mai takalmi, da ta wani bawan Allah da ya tsaya tambayar hanya. Kafin la'asar matar nan ta toshe unguwarmu kaf. Ya je ofishin kamfanin waya, suka ce layi nata ne halak malak, ba za su faɗi ko inda take ba.

Kwanakin nan na ga taubashina ya rame a tsaye. Ba ya iya rufe shago, don mutane suna ƙofa kowa yana neman a sallame shi daga asibiti. Ba ya iya zama a ciki, don kowane tari na firinta sai ya zabura. In ya je gidan Gwaggo, ta juya masa baya tana ninke kayan da ta riga ta ninke. In ya koma gidansa, matarmu ta zuba masa fitilun nan tana tambaya, "Ni dai ban gane ba, ta ina ɓarayin suka shigo?" Sai ya ce harkar kwamfuta ce, ba za ta fahimta ba, yana satar kallona. Na riƙe bakina har sai da haƙorana suka yi ciwo. Auta kuwa ba ta zagi kowa ba. Kullum da safe sai ta yi wanka ta goge farar rigarta ta sa, ta zauna a ƙarshen benci da takardunta a cinya, saboda ba ta san ko yau ce ranarta ba. In ƙawarta ta kira ta ce yau an yi wa wasu, sai ta ce to, ta ci gaba da zama. Wannan zaman nata ya fi duk ihun Baba Mai Katako nauyi.

Ranar Laraba muka taru a ɗakin Gwaggo, domin wayarta ce kaɗai ta rage ba a toshe ba. Muka kira matar, Gwaggo ta gyara murya.

"'Yata, ni tsohuwa ce, ba na ƙarya. Ɗana ne ya yi shirme..."

"Mama, ki yi haƙuri, yanzu har tsofaffi suke ɗauka haya."

"Haya? Ni? Ke 'yar nan, kin san da wa kike magana?"

Auta ta karɓe wayar kafin Gwaggo ta sa a toshe mu gaba ɗaya.

"Anti, kada ki karanta min komai. Gaskiyarki ce. Ki faɗa min inda kike kawai in zo ki gan ni da idonki. Makarantar jinya nake nema, ranar intabiyu ɗina tana cikin imel ɗin nan, kuma satin yana ƙarewa."

Sai matar ta ce ita mai kitso ce, ta kwatanta shagonta a can ɗaya gefen gari, bayan tashar mota.

"Gobe bayan azahar. Da safe ina kasuwa sayen kayan aiki."

"Anti, ko yau..."

"Yau shagona a cike yake. Gobe bayan azahar, ko ki bari."

Alhamis tun kafin azahar muna ƙofar shagon a tsaye. Ɗaki ne mai labulen roba, da madubi babba, da kujeru masu tsagaggen soso, ƙamshin man gashi yana dukan hanci tun daga titi. Da Mai Kitso ta iso, sai na ga mace ce da za ta iya ɗaukar Sakatare a hammata ta tsallaka titi da shi. Ta kalle mu sama da ƙasa.

"Wanne ne mai layin?"

Na nuna shi da hannu biyu.

"To kai ne! Shekara da shekaru wayata ba ta hutawa. Sakamakon jarrabawar wane, rajistar wance, wani ma mai katako kullum sai an gaishe shi. Na zaci aljanu ne suka riga ni layin. Maza ba sa shigar min shago, ku tsaya nan. Ke, shigo."

Muka tsaya a rana muna leƙe ta tsagar labule. Ta zaunar da Auta ta yi mata tambayoyi kamar alƙali: sunanta, makarantarta, me ya sa jinya, wa ya buɗe imel. Ta karɓi katin jarrabawar ta haɗa hoton da fuska. Wata da ake wa kitso, rabin kanta a tsefe, ta ce, "Haba Anti, ki dubi yarinyar nan, ko kaza ba za ta damfara ba."

"Kazar ba ta da waya," in ji Mai Kitso. Amma ta fito da wayarta daga jaka. "Tura."

Auta ta danna a tata wayar. Wayar Mai Kitso ta yi ƙara. Ba ta karanta da baki ba, ta karɓi wayar Auta ta buga lambobin da kanta, da yatsa mai maiƙo. Sai aka nemi sabuwar kalmar sirri. Sakatare, saboda sabo, ya zura hannu ta labule.

"Kawo in sa miki, Auta."

Auta ta ɗago ta kalle shi. Ba harara ba ce, kallo ne kawai. Ya janye hannun a hankali, ya juya ya fuskanci bangon maƙwabta, ya tsaya a haka har ta gama.

Imel ya buɗe. Saƙon makarantar yana nan a ƙarƙashin tarkacen ɓarawo, babu wanda ya taɓa shi. Auta ta karanta, ta sake karantawa, leɓenta yana motsi. Ranarta Alhamis ce, da safe.

Matar nan mai rabin kitso ta daina taunar cingam. Mai Kitso ta ce, "Innalillahi. Da na sani da na bar kasuwar nan." Ta tura Auta waje da hannunta. "Ku gudu mana! Kuka sani ko ba a tashi ba?"

Muka tare mota, direban ya yi iya yinsa. Da muka isa makarantar, ɗakin da aka rubuta mata a buɗe yake, an jera kujeru a kan tebura, wata mata tana shara. Ta ce masu intabiyu sun tashi tun azahar, kuma yau ce ranar ƙarshe. Sakatare ya ruga taga, labule a ja. Ya ƙwanƙwasa har wani maigadi ya zo ya ce masa baɗi ma rana ce. Auta ta tsaya a bakin ƙofar ɗakin da farar rigarta tana kallon tsintsiya. Na lalubi abin tsokana a bakina ban samu ko ɗaya ba.

A mota Sakatare ya juyo wajen Auta.

"Auta, ki yafe min."

"Na ji, Yaya," in ji ta, tana kallon taga.

Mai Kitso ta ce za ta taimaka wa sauran, amma da sharaɗi: kowa ya zo da ƙafarsa, ɗaya bayan ɗaya, ranar da ba ta da mutane, kuma Sakatare ya tsaya a waje. Har yau bai gama ba. Wasu imel ɗin sun dawo, wasu ɓarawon ya canza har lambar waya, sun tafi ke nan.

Da aka buɗe rajistar baɗi, Auta ta zo shagon da safe, ta ja kujera ta zauna gaban kwamfuta da kanta.

"Yaya, ɗan ba ni wuri."

Ya tashi ya fita daga shagonsa. Yana sa ƙafa a waje mutanen da ke jira suka taso masa, kowa yana tambayar yaushe za a kai shi wurin Mai Kitso. Ya jingina da ƙofa, bayansa ga Auta, fuskarsa ga jama'a, ya ce su yi haƙuri, za a kai kowa.